Kafin Ku Sa wa Karayar Yaro Lamba

'Ya'yana, shekarun da na yi a ɗakin kati sun fi shekarun da yawancinku suka yi a duniya. Na fara aikin nan tun ana ɗaure fayil da zare, ana jera shi a kanta har rufi, mutum ya fito da yamma fururu kamar wanda ya wuni a masussuka. Ku kun zo a zamanin kwamfuta, kuna da shaidar karatu da lasisin hukumar rajistar ma'aikatan adana bayanan lafiya, yatsunku kuma sun fi nawa sauri nesa ba kusa ba. Ina murna da ku. Sai dai duk lokacin da na leƙa rajistar sashen ƙashi na ga abin da aka rubuta wa yara masu karaya a ƙafa, sai in ga kurakuren da na yi da ƙuruciya suna dawowa ɗaya bayan ɗaya, riga kawai suka sake. Shi ya sa na ce bari in zauna in yi muku magana a kan abu ɗaya tak, wanda ido zai raina, wato lambar da kuke sa wa karayar da ta taɓa matsirar ƙashin yaro, musamman in ɗorin bai yi kyau ba.

Da laifina zan fara, don kada ku ce tsoho ya zo ya yi muku faɗa.

Wata uwa ta taɓa kawo 'yarta tagar ɗakinmu, yarinya ba ta wuce shekara 10 ba. Ba maganar karaya ta zo da ita ba, maganar takalmi ce. An saya wa yarinyar takalmin Sallah, na hagu ya zauna, na dama ya ƙi, kuma in ta je makaranta ta dawo sai a ga tana ɗingishi. Na tambayi ƙaramin katinsu, uwar ta ce ya ɓace. Layi ya yi tsawo a ranar, rana ta take, ni kuma ina son in sallami mutane. Ban tsaya bincike ba, na yanka mata sabon kati, na buɗe sabon fayil. Da fayil ya dawo daga wurin likita na hango kalmar karaya da sunan ƙashin ƙafa, na sa masa lambar sabuwar karaya, na jefa a kanta. Bayan makonni likitan ƙashi ya sauko da kansa har ɗakin kati, abin da ba kasafai suke yi ba, ya ce uwar ta gaya masa sun taɓa zuwa asibitin nan wata takwas da suka wuce, ranar da turmi ya faɗo wa yarinyar a ƙafa, yana son hoton farko. Muka wuni muna tono. Da muka samo tsohon fayil sai ga rubutun likitan farko ɓaro-ɓaro: karayar ta bi ta matsirar ƙashin da ke bayan babbar yatsa, a dawo da ita a sake hoto. Ba a dawo da ita ba, gida aka tafi da ita wurin mai ɗori. Ba kuma wanda ya neme su, domin gurbin adireshi sunan unguwa kawai aka rubuta. A takarda, 'ya'yana, na mayar da yarinya ɗaya ta zama biyu, na mayar da karaya ɗaya ta zama biyu, kuma ainihin abin da ya same ta, wato ƙashin da ya haɗe a karkace, bai bayyana a lissafin asibitinmu na shekarar ba ko sau ɗaya. Ba wanda ya ba ni takardar tuhuma. Likitan dai ya dube ni, ya karɓi fayil ɗinsa ya hau sama. Da ya zage ni da ya fi mini sauƙi.

Daga ranar na fara neman sanin mene ne wannan abu da nake sa wa lamba. Ina roƙonku ku ma ku san shi, ko da ba ku ne za ku yi ɗorin ba.

Ƙashin yaro ba ƙaramin ƙashin babba ba ne. A kusa da ƙarshen dogon ƙashin yaro akwai wani siririn faifai na guringuntsi, daga nan ne ƙashi ke ƙara tsawo. Ni matsira nake ce masa. Wanda ya tashi a karkara ya san giginya: ka sare mata ganyen gefe ba ta damu ba, amma ranar da aka taɓa mata kai ta gama tsawo. To haka matsira take. Kuma ita ce wuri mafi rauni a gaɓar yaro, ta fi jijiyoyin da suka ɗaure gaɓar rauni, shi ya sa murɗewar da za ta ba babba targaɗe sai ta ba yaro karaya. Littattafan ƙashi na cewa tsakanin kashi 15 zuwa 30 cikin 100 na karayar yara na taɓa wannan wuri. Wani abin wahalar kuma, guringuntsi ba ya fitowa a hoton ƙashi, wani baƙin layi kawai ake gani, har ma karayar na iya kasancewa a can hoto ya fito kamar lafiya lau. Matsira ba ta rufewa sai wajen balaga, mata kan riga maza da kamar shekara 2. Kafin ta rufe, duk abin da ya same ta bashi ne da za a biya a gaba.

Ƙafa kuwa, daga idon sawu zuwa yatsu, ƙasusuwa 26 gare ta: 7 a baya wajen dunduniya, dogaye 5 a tsakiya waɗanda likitoci ke kira metatasal, sai 14 a yatsu. Ga wani abu da ya burge ni ranar da aka nuna mini shi a hoto. Matsirar metatasal na farko, wanda ke bayan babbar yatsa, a gindinsa take, ta wajen tsakiyar ƙafa. Ta sauran huɗun kuwa a kansu take, ta wajen yatsu. Turmin nan a gindin na farko ya sauka. Da a tsakiyar ƙashin ya karya ta, da wataƙila labarin takalmin Sallah bai taso ba.

A 1963 wasu likitocin ƙashi biyu na birnin Toronto a Kanada, Robert Salter da Robert Harris, suka kasa irin wannan karaya gida biyar, kuma har yau da sunansu ake kiran rabon. Kun haddace shi don jarrabawa, na sani, amma hadda daban, ganewa daban. A nau'i na 1 karayar ta bi ta cikin guringuntsin kaɗai. A na 2 ta bi ta cikinsa sannan ta kauce ta ɓalle ɗan yanki daga gangar ƙashin, kuma shi ne ya fi yawa, wajen uku cikin huɗu. A na 3 ta kauce ta ɗaya ɓangaren ne, ta faɗa cikin gaɓa. A na 4 ta ratsa gangar da guringuntsin da kan ƙashin gaba ɗaya. Na 5 shi ne mugu mai shiru, matsewa ce ta murƙushe matsirar, sau da yawa ba a gane shi sai ƙashi ya daina girma. Galibi, yadda lambar ke hawa haka haɗarin ke hawa. In matsira ta lalace, wata gada ta ƙashi kan tsiro ta ɗinke ta. In gadar a tsakiya take sai ƙashin ya gajarce, in a gefe take sai gefe ɗaya ya ci gaba da girma ɗayan ya tsaya, yatsa ko ƙafa ta karkace a hankali. Wannan ba ya nunawa a mako biyu. Wata shida, shekara ɗaya, wani lokaci fiye, sannan ake gani. A lokacin filasta ta daɗe da fita, iyaye sun manta ranar, likitan da ya fara gani wataƙila an yi masa canjin wurin aiki ko ya bar ƙasar. Me ya rage da zai tuna? Fayil ɗin da ke hannunku, da lambar da kuka sa.

Yanzu ga inda na fi ganin tuntuɓenku, kuma ba laifinku ba ne kaɗai, laifin waya ne. A zamaninmu kundi uku ne a kan tebur, na Hukumar Lafiya ta Duniya, ICD-10, wanda aka amince da shi a 1990 aka fara aiki da shi a 1994. Ka nemi ciwon a kundi na uku mai jerin haruffa, ka koma kundi na ɗaya ka tabbatar, in ka rikice ka buɗe na biyu mai ƙa'idoji. Ku kuwa sai ku buga sunan ciwo a intanet, lamba ta fito, ku kwafa. Abin da yawancinku ba su lura ba shi ne, mafi yawan abin da ke fitowa nan tsarin Amurka ne, ICD-10-CM, wanda suka fara amfani da shi ranar 1 ga Oktoba 2015. Suna ya yi kama, amma kama da wane ba ta wane.

Bari in nuna muku da yarinyar nan. A ce likita ya rubuta cewa karayar nau'i na 2 ce, a metatasal na ƙafar dama, kuma ta haɗe a karkace. A tsarin Amurka lamba ɗaya ta ɗauke duk wannan: S99.121P. S99.1 na nufin karayar matsira a metatasal, 2 na gaba nau'in ne, 1 dama ce, P kuma haɗewa a karkace. Da a dunduniya ne da S99.0 za a fara, da a yatsa ne S99.2. Lamba ce mai kyau, ba na musu. Amma ku buɗe kundin Hukumar Lafiya ta Duniya ku nemi S99.1, ba za ku same ta ba. A can, S99 gidan sauran raunukan ƙafa da idon sawu ne, waɗanda ba a fayyace ba. To in asibitinku da kundin Hukumar yake aiki, kuka zuba masa S99.121P, ɗayan biyu ne: ko na'ura ta ƙi karɓa, ko mai haɗa lissafin wata ya datse wutsiyar ya bar S99. Shi ke nan karaya ta ɓace, ta koma "wani rauni a ƙafa". A kundin Hukumar, sabuwar karayar metatasal S92.3 ce, ta babbar yatsa S92.4, ta dunduniya S92.0. Ƙashin da ya haɗe a karkace kuma ba ya ma cikin babin raunuka, yana babin cututtukan ƙashi: M84.0. Wanda ya ƙi haɗewa M84.1, wanda ya yi jinkiri M84.2, tsayawar girman matsira M89.1. Haka kuma in kuka juya, wanda ke yi wa kamfanin Amurka aiki ya sa M84.0, za a dawo masa da ita, domin su sun cire ta daga nasu. Na san wasunku na koyon tsarin Amurka don neman aiki ta intanet, Allah ya ba da sa'a, abu ne mai kyau. Ku dai san wane gida kuke ciki kafin ku yi sallama. Ranar farko a sabon wurin aiki, tambayar farko ita ce: da wane kundi ake aiki a nan, bugun wace shekara? Ga ICD-11 ma ya shigo, an amince da shi a 2019, ya fara aiki a Janairun 2022, ƙasashe na komawa kansa sannu a hankali. Ku ne za ku yi wannan ƙaurar, ba mu ba, kuma wanda ya saba cakuɗa kundi biyu zai cakuɗa uku.

Ga masu koyon na Amurka, harafin ƙarshen nan shi ne inda aikin yake. Bakwai ne a wannan gida. A da B na lokacin da ake ainihin maganin karayar ne, A in fata ba ta buɗe ba, B in ta buɗe. D na dawowa ne ƙashi na warkewa yadda ya kamata. G jinkiri, K ƙin haɗewa, P karkacewa, S kuma abin da karayar ta bari bayan ta warke. Na sha ganin yaro mai ƙwazo ya sa A don kawai yau ne ya fara ganin majinyacin, ko don sabon likita ne ya duba shi. Harafin ba ya kallon fuskar likita, yana kallon matakin da jinyar take. Kuma G da K da P ba 'yan uwan da za a musanya ba ne. Ƙashin da ya yi jinkiri yana hanya, a ƙara masa haƙuri. Wanda ya ƙi haɗewa ya tsaya, sai an taimaka masa. Wanda ya haɗe a karkace ya isa, amma gidan da ba nasa ba ya sauka. Magani uku ne daban, kuɗi uku daban, hasashe uku daban. Wanda ya haɗa su a buhu ɗaya da sunan "bai warke daidai ba" ya ɓata lissafi. Akwai kuma ƙa'idarsu da ke cewa in karayar matsira ce, lambar matsirar kaɗai za a sa, ba a ƙara mata wata lambar karayar ƙashin, don kada ciwo ɗaya ya zama biyu, irin aikin da na yi.

Wata ƙa'idar tasu takan sa ni murmushi. Sun ce wanda ya yi jinkirin neman magani, ya zo da karayarsa ko da ƙashin da ya ƙi haɗewa, harafin farkon jinya za a sa masa. Waɗanda suka rubuta wannan ba su san mai ɗori ba. Yaron da ya yi wata uku ƙafarsa na ɗaure da kara da tsumma, jinkiri ya yi ko magani ya yi? Ra'ayina shi ne kada kowa ya yanke wannan shi kaɗai a kan teburinsa. Ku kai shi gaban shugaban sashe da likitocin ƙashi, a tsayar da magana ɗaya, a rubuta ta, kowa ya bi. Kuskuren da kowa ya yi iri ɗaya ana iya gyara shi rana ɗaya. Wanda kowa ya yi nasa, sai dai a zubar da rajistar.

Sai maganar da ta fi mini nauyi. Ɗana, kai ba likita ba ne, kuma wannan ba raini ba ne, kariya ce gare ka. Za ka daɗe a sashen ƙashi har idonka ya fara karanta hoto. Daga nan shaiɗan zai fara raɗa maka: ai ga shi nan a karkace, sa P kawai, ko sa M84.0, me za ka je ka tsaya a ƙofar likita? Ƙaramin sani ƙuƙumi ne. A gindin metatasal na biyar, ta gefen ƙaramar yatsa, akwai wani ɗan ɓallin ƙashi da ke fitowa a hoton yara masu shekara 9 zuwa 14, kwance a tsawon ƙashin. Halitta ce, ba karaya ba, amma ya sha yaudarar masu farar riga ma, balle mu. Haka kuma ƙashin yaro na iya haɗewa da ɗan lanƙwasa, likita ya gani ya ƙyale, domin ya san girma zai miƙar da shi, musamman in kusa da matsira ne kuma yaron na da sauran shekarun girma. Murɗewa ce ba ta gyaruwa da kanta. To kai da ka ga lanƙwasa ka sa lambar karkacewa, ka yi wa ƙashin ƙazafi, ka kuma yi wa likitan da ya ɗora shi. Abin da likita ya rubuta shi ne shaidarka. In bai rubuta nau'in ba, in bai ce dama ko hagu ba, in ya rubuta wani abu mai harshen damo kamar "bai gamsar ba", ɗauki fayil ka hau sama.

Na san abin da ke hana ku. Kunya, da tsoron a daka muku tsawa a gaban 'yan jinya. Likitoci na cikin gajiya, wasu kuma na da zafi, rubutun wasunsu kamar kaza ta yi tonon ƙasa. Amma akwai yadda ake yi. Kada ka tare shi a tsakiyar zagayen gado. Tara fayilolin da ke da tambaya, ka saka 'yar takarda a kowanne, ka same shi bayan asibitin safe, ka ce: "Likita, ranka ya daɗe, minti biyu. Wannan yarinyar, jinkiri za a ce ko ya haɗe a karkace? Kuma wane nau'i ne?" Kada ka gaya masa amsar da kake so. Ka bar shi ya rubuta da hannunsa, ya sa hannu da kwanan wata. Na yi wannan shekara da shekaru. Waɗanda suka fi yi mini tsawa da farko su ne daga baya suka riƙa aiko mini ɗalibansu masu rubuta bincike, domin sun san rajistata ba ta ƙarya. Matambayi ba ya ɓata. Lambar "ba a fayyace ba", irin S92.9, tana da ranarta, ranar da aka tambaya aka rasa. Ba wurin fakewar mai sauri ba ce.

Ke kuma 'yata da ke zaune a taga, ke ce farkon wanda iyayen ke gani, kuma rabin lambar daga bakinki take fitowa. Mafi yawan yaran da ke zuwa da ƙashi a karkace sun biyo ta wurin mai ɗori, kowa ya sani. Ba zan zauna in zagi masu ɗori ba. Suna kusa, suna da sauƙin kuɗi, sun gaji sana'ar iyaye da kakanni, kuma mutane sun yarda da su. Amma hannu ba ya ganin matsira. Karayar matsira na kamawa da wuri, cikin mako uku zuwa huɗu, kuma likitocin ƙashi na gudun sake jan ta in ta wuce kwana bakwai zuwa goma, don jan da kansa na iya kashe ta. To ki duba ƙafar da ake kwancewa ana murzawa ana ja duk bayan 'yan kwanaki. Ga ɗaurin da ake tamkewa har jini ya kasa wucewa, wanda ma'aikatan asibitin ƙashi na Dala a Kano da takwarorinsa na Igbobi da Enugu suka san ƙarshensa sarai. Duk da haka, in uwa ta zo kika tare ta da "sai yanzu kuka ga damar zuwa?", kin rufe bakinta. Za ta ce jiya ya faɗi. Daga wannan "jiya" likita zai fara, daga ita za a sa lambar sabuwar karaya, gaskiya kuma ta tafi gida a ƙulle a bakin zane. Ki ce mata: "Sannu Inna, ya mai jiki? Tun yaushe abin ya faru? Kafin azumi ne ko bayan Sallah? An gwada na gida?" Ki faɗi ta ƙarshen nan kamar abin da kowa ke yi, domin kowa na yi. Za ki ji labarin duka.

Shekaru ma haka. Ga babba, 40 da 43 duk ɗaya ne a wurin ƙashi. Ga yaro, 11 da 14 tazara ce mai nisa, domin ita ke nuna sauran girman da ya rage, ita ke sa likita ya ce a jira ko a yi aiki. In uba ya ce "zai kai goma", ki tambayi ajinsa, ki tambayi katin rigakafi ko takardar haihuwa. Sunaye kuma kun san halinmu, a kanta ɗaya sai ka sami masu suna ɗaya da sunan uba ɗaya fiye da yatsun hannu. Ɗan hakin da ka raina shi ke tsone maka ido.

Akwai wani rauni da nake son ku sa wa ido, domin na 'ya'yanmu ne masu buga ƙwallo ba takalmi a lungu. Yaro ya kai wa ƙwallo duka ya sami dutse, babbar yatsa ta lanƙwashe, jini ya ɗan fito ta gindin farce. Kowa zai ce tuntuɓe ne, a sa aidin a ɗaure. Amma matsirar ƙashin ƙarshe na yatsar tana dab da ƙarƙashin gindin farcen, fata ce siririya tsakaninsu. Jinin nan sau da yawa alama ce cewa matsirar ta karye kuma ƙofa ta buɗe daga waje har ƙashi. Buɗaɗɗiyar karaya ke nan, mai bukatar wanki da maganin kashe ƙwayoyin cuta, in ba haka ba mugunya ta shiga ƙashi, girma ya tsaya, farce ya lalace. Ƙa'idar kundin Hukumar da na Amurka duka ta ce karayar da ba a bayyana ko buɗaɗɗiya ce ko rufaffiya ba, a ɗauke ta rufaffiya. Ƙa'ida ce, ku bi ta. Amma in kuka ga likita ya rubuta karayar babbar yatsa, ma'aikaciyar jinya kuma ta rubuta jini a gindin farce, wannan fayil na cikin waɗanda za a hau sama da su kafin a sa A ko B. Wata rana tambayar taku ba lamba kaɗai za ta gyara ba.

Abu biyu kuma a gurguje. Na ga ana ɗaukar hoton fayil ko na ƙashi da waya ana turawa zauren WhatsApp na 'yan aji ana tambayar lamba, sunan yaron da lambar katinsa na nan a kusurwa. Ku daina. Dokar lafiya ta ƙasa ta 2014 da dokar kare bayanai ta 2023 duk sun hana, kuma ko ba doka, sirrin ɗan wani ne aka ba ku amana. Ku tambaya da baki, ba suna. Na biyu, tun da dokar inshorar lafiya ta 2022 ta zo, lamba ta ƙara zama kuɗi. Za a zo muku da murmushi a ce ku ɗan ɗaga ta, a mayar da mai warkewa lafiya ya zama mai matsala don a biya da yawa, ko a ce ku sauke ta, a ɓoye karkacewar don kada a ce aikin sashe bai yi kyau ba. Duka biyun shaidar zur ce, kuma sa hannunku ne a ƙasa, ba na mai murmushin ba. Ramin ƙarya ƙurarre ne, masu binciken inshora kuma daga fayil suke farawa.

Wataƙila wani a cikinku na cewa, Baba, duk wannan a kan yatsar yaro? Lissafin da kuke haɗawa a ƙarshen wata shi ke hawa sama, ya je ma'aikatar lafiya, ya zama abin da ake dubawa in za a raba likitocin ƙashi, ko a sayi na'urar hoto, ko a shirya zama da masu ɗori a koya musu irin karayar da ya kamata su tura asibiti. In rajista ta ce ba yaron da ƙashinsa ya haɗe a karkace, mai rabon zai ce ba matsala, ya kai kuɗin wani wuri, kuma bai yi laifi ba, abin da muka nuna masa ya gani. Mu da muke wurin mun san yaran na zuwa, muna ganinsu a kan benci suna jan ƙafa.

Yarinyar nan an yi mata aiki daga baya, aka gyara abin da zai gyaru. Na haɗe fayilolinta biyu da hannuna, na soke lambar da na sa da layi ɗaya yadda za a iya karanta ta, na rubuta daidai a gefe, na sa hannu. Kada ku taɓa goge kuskure a fayil, ku soke shi a bar shi ana gani.

Gobe da safe, in uwa ta tsaya a tagarku da yaro mai ɗingishi ta ce katin ya ɓace, don Allah kada ku miƙa hannu ga sabon fayil tukuna. Ku tambaye ta ko sun taɓa zuwa, ku nema da suna, da unguwa, da watan da abin ya faru. Ku karɓi lambar waya biyu, ta uba da ta wani a gidan, ku karanta mata su ta tabbatar. In likita ya rubuta ranar dawowa, ku rubuta mata ita a bayan ƙaramin katin da manyan baƙaƙe, ku gaya mata ta dawo da shi ranar ko da yana gudu da ƙafarsa.